Sikirinshot, yankan bidiyo ko ɗaukar talabijin: wanne ya fi ba da hoton bangon bidiyon gem?

Matasan da ke ɗora bidiyon gem a YouTube daga garuruwanmu na Kano da Jigawa sun ƙaru sosai, kuma akasarinsu abu ɗaya ke ci musu tuwo a ƙwarya. Mutum zai buga wasa mai kyau, ya ci ƙwallon da ta cancanci a yi ta kallo, ya ƙona datarsa ya ɗora, amma a kwana a tashi babu mai dannawa. Idan ka leƙa tashar sai ka ga dalili. Ƙaramin hoton nan da ke tsaye a gaban bidiyo kafin a buɗe shi, wato hoton bango, dishi-dishi ne: koren fili da wasu ɗige-ɗige da aka ce wai 'yan wasa ne. Ba shi ya zaɓa ba ma. YouTube ne ke tsamo hotuna uku daga cikin bidiyon ya ce ka ɗauki ɗaya, kuma na'ura ba ta san daƙiƙar da ka zura ƙwallo ba.

Sharuɗɗan YouTube ba su da yawa. Hoton ya zama mai faɗin 1280 da tsayin 720 a ma'aunin fiksel, fasalin 16:9 ke nan, kada faɗinsa ya gaza 640, kuma ya kasance JPG ko PNG. Idan nauyinsa bai wuce 2MB ba, zai hau lafiya lau. Sai tantance tasha da lambar waya: za a turo maka wasu lambobi ta saƙo, ka shigar, sannan a buɗe maka damar sa hoton da ka ga dama. Layi ɗaya tasha biyu kawai yake tantancewa a shekara, don haka kada ka bari abokai su cinye maka damar kafin ka buɗe taka.

Inda ake rarrabuwa shi ne wajen samo hoton. Wani sikirinshot yake yi a waya, wani ya naɗi bidiyon allo ya yanko hoto daga ciki, wani ya dogara da maɓallin Share na na'urar gem ta PS4 a gidan gem, wani ya ɗaga waya ya ɗauki talabijin, wani yana tara kuɗin kafca-kad, wato na'urar da ke kwaso hoton gem zuwa kwamfuta ko waya, wani kuma ya kwaso na mutane a intanet. Ni a ganina tambaya biyu ce ke raba gardamar. A kan me kake buga gem ɗin? Kuma gem ɗin yana yarda ka tsayar da shi ko ya maimaita maka abin da ya wuce? Duk inda amsar ta biyu ta zama e, hoton da aka ɗauka kai tsaye daga allo ya fi kowanne. Inda ta zama a'a, nan ne naɗar bidiyo ke da amfani.

Mu fara da waya tunda ita ce a hannun kowa. Akwai wata sa'a da masu ƙananan wayoyi ba su san suna da ita ba. Yawancin Tecno da Infinix da Itel masu sauƙin kuɗi, har da ƙananan Redmi da Samsung, allonsu 720 ne ta gajeren gefe, 1600 ko 1612 ta dogon gefe. Idan ka kwantar da wayar kana gem, sikirinshot ɗinka zai fito da faɗin 1600 da tsayin 720. Ka yanke 160 ta dama, 160 ta hagu, abin da ya rage 1280 da 720 ne cif, daidai da abin da YouTube ya nema, ba ƙari ba ragi. Kuma gefunan nan da za ka yar, nan ne wani ɓangare na maɓallan gem ke zaune, ka ga ka rage datti ke nan.

Sai dai sa'ar tana da iyaka. Tunda hoton ya zo daidai wa daida, ba ka da rarar da za ka zuƙo fuskar ɗan wasa daga nesa. Da ka ja shi ya yi girma sai ya fashe, ya koma ƙwaya-ƙwaya. Mai waya mai allon 1080 da 2400 yana da wannan rarar, zai iya yanko tsakiyar hoto ya kuma tsira da kaifinsa. Kai mai 720 dole abin da kake son nunawa ya zo kusa tun a lokacin ɗauka. Wannan ya sa sikirinshot a tsakiyar wasan ƙwallo kusan ɓata lokaci ne, domin kyamarar gem tana can sama tana nuna rabin fili, kowane ɗan wasa bai fi ƙwayar wake ba a allo.

Ga kuma wahalar ɗaukar kanta. Danna maɓallin kunna waya tare da na rage sauti yana buƙatar ka ɗage yatsu daga wasan, kafin ka dawo an ƙwace ƙwallo. Jan yatsu uku a allo, wanda wayoyin Tecno da Infinix da Redmi ke yi, ya fi sauri, amma gem ɗin kan ɗauka umarni ka ba shi, ɗan wasanka ya yi wani shirme. Sannan ƙaramin hoton da ke fitowa a gefe don nuna maka an ɗauka yakan rufe maɓallin da kake buƙata a daidai lokacin.

Maganin wannan a gem ɗin ƙwallo yana nan a gabanka. eFootball, wanda aka sani da PES kafin kamfanin Konami ya canza masa suna a 2021, da Dream League Soccer, duk suna nuna murnar cin ƙwallo da maimaici bayan an zura. A nan kyamara ke saukowa ƙasa, ɗan wasa ya cika allo, lambar rigarsa ta fito, yawancin maɓallai su ɓace, kuma babu mai ƙwace maka komai. Yawancin yara garaje suke yi su tsallake wannan wuri don a ci gaba da wasa, alhali nan ne hoton bangonsu yake. Ka bar shi ya tafi, ka ɗora yatsu a kan maɓallan sikirinshot, ka ɗauka sau huɗu ko biyar a jere. Wanda ya fi kyau yawanci ba lokacin bugun ƙwallon ba ne, domin ƙafa na cikin gudu. Lokacin da ɗan wasa ya tsaya ya buɗe hannu, ko gola ya kwanta ƙwallo na cikin raga, shi ne ke fitowa tas.

Wani abu da ake mantawa: sikirinshot abin da waya ta zana yake ɗauka, ba ya ƙara kyau daga aljihunsa. Idan ka sauke ingancin zanen gem zuwa matakin ƙarshe don kada wayar ta riƙa maƙalewa, hoton ma haka zai fito, ciyawa shafe, fuska babu ido babu hanci. Dabarar ita ce ka raba wasan gaske da wasan hoto. Bayan ka gama naɗar bidiyonka, ka ɗaga ingancin zuwa iyakar abin da wayar za ta ɗauka, ka buga ɗan gajeren wasa da kwamfuta a mataki mai sauƙi da ƙungiyoyin nan dai, ka ɗauki hotunanka, ka mayar da saitin yadda yake. Ko da wayar tana jan ƙafa a lokacin, hoto tsayayye ba ya nuna jan ƙafa.

Gem ɗin harbi kuwa wata duniya ce. A Free Fire da PUBG Mobile da Call of Duty Mobile da mutane na gaske kake karawa ta intanet, babu tsayawa, kuma wanda ya saki bindiga don ɗaukar hoto gawarsa zai ɗauka. Nan naɗar allo ta fi. Android ta zo da manhajar naɗa a cikinta tun daga Android 11 a 2020, wasu kamfanonin waya ma sun riga ta sa tasu. Bidiyo mai firem 30 a daƙiƙa yana ba ka hotuna 1,800 a minti ɗaya, ka zauna a natse bayan wasa ka zaɓi wanda ka ga dama. Kuma dama ai bidiyon za ka ɗora, saboda haka ba wani ƙarin aiki ba ne.

Amma kada a ruɗe ka da yawan. Bidiyo matsattse ne: don kada ya cika waya, manhajar ba ta ajiye kowane firem cikakke, tana ajiye wasu ne ta cike tsakaninsu da bambancin da ya faru. Idan komai na motsi da sauri, kamar ka juya kyamara ko bam ya tashi, firem ɗin kan fito da ƙananan murabba'ai da shafe-shafe, waɗanda ido ba ya kamawa a cikin gudu amma suna bayyana da zarar ka tsayar. Za ka rage wannan idan ka ɗaga yawan bayanan da manhajar ke ajiyewa a daƙiƙa, sai dai sarari ne zai biya. A lissafi, megabit 8 a daƙiƙa yana cin kusan 60MB a minti, wasan minti ashirin ya haura 1GB. A wayar 32GB da ta riga ta cika da wa'azi da waƙoƙi da hotunan biki, wannan ba ƙaramin abu ba ne. Ga zafi: a watan Afrilu, lokacin da rana ke kai digiri 40 a Gumel ko Haɗejiya, wayar da ke gem tana naɗa a lokaci guda takan yi zafin da za ta rage gudunta da kanta, batir ya zube, kai kuma sai gobe za ka kai ta wurin mai caji.

Wajen ciro hoton ma akwai hanya mai kyau da marar kyau. Marar kyau ita ce ka kunna bidiyon, ka tsayar, ka yi sikirinshot. Alamar tsayawa da layin lokaci kan shigo ciki, kuma ka ƙara wa hoton wata matsa a kan ta farko. Mai kyau ita ce ka buɗe bidiyon a Google Photos, ka shiga wurin gyara, ka ja layin a hankali zuwa inda kake so, ka danna wurin fitar da firem, ya ajiye maka shi a girman bidiyon. Wanda ke da laftof, manhajar kallon bidiyo ta VLC ta fi sauƙi: harafin E yana matsar da bidiyo firem ɗaya-ɗaya, Shift da S kuma su ɗauki hoton. Ka nemi daƙiƙar da motsi ya lafa, kamar lokacin da ka saita bindiga ka tsaya, ko allon nasara ya fito.

Idan aka ajiye su gefe da gefe, sikirinshot ya fi kaifi, yankan bidiyo ya fi dacewa da lokaci. Masu wayo a gem ɗin harbi haɗa su suke yi. Su yanko firem daga bidiyo ya zama shimfiɗar baya, inda ɗan dishi-dishi ba laifi ba ne, sannan su je zauren jira na gem ɗin, inda jarumin ke tsaye ƙato da kayansa ba ya motsi, su yi masa sikirinshot mai kaifi, su yanke shi su ɗora a gaba. Yawancin hotunan bangon da kake gani kana cewa da babbar waya aka yi, haka aka yi su.

Masu buga PES ko GTA ta manhajar PPSSPP, wadda ke kwaikwayon na'urar PSP a waya, su lura da abu ɗaya. Asalin allon PSP 480 ne da 272, ƙasa da mafi ƙanƙantar faɗin da YouTube ke so. A cikin saitin manhajar akwai wurin ninka girman zane: ninki biyu ya ba da 960 da 544, ninki uku 1440 da 816. Ka kai shi uku lokacin ɗaukar hoto ko da wayar na nishi, ka kuma rage hasken maɓallan allo har su kusa ɓacewa, shi ma saitinsa na nan.

To, sai gidan gem, inda a ganina mafi kyawun hoto yake kuma mafi ƙarancin masu ɗauka. PS4 ta fito a 2013, kuma a hannunta na buga wasa akwai ɗan maɓalli a hagu da aka rubuta Share. Yaro zai shekara yana riƙe da hannun nan bai taɓa danna shi da gangan ba. A saitin da take zuwa da shi, idan ka danna ka riƙe, ta ɗauki hoton allo. Idan ka danna sau biyu da sauri, ta fara naɗar bidiyo. Idan ka danna sau ɗaya, ta buɗe maka zaɓi, ciki har da ajiye abin da ya riga ya wuce, domin tana riƙe da mintuna 15 na ƙarshe ko ba ka ce ta naɗa ba. Hoton yana fitowa 1920 da 1080, babu maɓallan allo ko ɗaya, tunda maɓallan suna hannunka. Babu wayar da ke ƙauyenmu da za ta ba ka irin wannan.

A kula da bambanci ɗaya: PS4 ta talaka, ba Pro ba, bidiyonta 720 take naɗa, hotonta kuma 1080. Ke nan a kan wannan na'urar yankan firem daga bidiyo asara ce, ka ɗauki hoton kai tsaye. Kuma FIFA, wanda ya koma EA Sports FC daga 2023, yana da abin da waya ba ta da shi. Idan ku biyu kuke bugawa a na'ura ɗaya, yadda ake yi a kowane gidan gem, za ka iya tsayar da wasa ka shiga maimaici, ka mayar da ƙwallo baya ko gaba a hankali, ka juya kyamara ta zagaya ɗan wasa, ka sauke ta har ƙasa, ka ɓoye rubutun da ke gindin allo, sannan ka danna Share. Kai ne mai ɗaukar hoto a bakin fili. Sai dai ka sanar da abokin karawarka tun kafin a take, domin babu abin da ke tunzura mutum kamar ka zura masa ƙwallo sannan ka tsaya kana juya kyamara a kan golansa jama'a na dariya.

Aikin yana wajen fitar da hoton daga na'urar. Ka san yadda wuraren suke: shagon kwano, benci biyu, talabijin uku a jere, janareto na kuka a baya, yara a tsaye a bakin ƙofa suna jiran layi. Maganar kan tafi kamar haka.

"Yaya, don Allah in mun tashi zan sa filash in kwashi hotuna, minti biyu kawai."

"Filash kuma? Kai ƙane, kar ka zuba min bairos a gem. Ka ga mutane na jira."

Maganar bairos tsoro ne kawai, domin PS4 ba ta buɗe manhajojin kwamfuta, kwafin hoto za ta yi ta miƙa maka. Maganar layi kuwa gaskiyarsa ce: kowane minti fetur yake ci. Abin da ya fi shi ne ka biya kuɗin wasa ɗaya ka yi aikinka a cikinsa, ko ka zo da hantsi kafin yara su taso daga makaranta. Ka soka filash a ɗaya daga kafofin USB biyu na gaban na'urar, ka buɗe ma'ajiyar hotuna, ka danna Options, ka zaɓi kwafa zuwa filash. Dole filash ɗin ya kasance an tsara shi a FAT32 ko exFAT, in ba haka ba ba za ta gan shi ba. Hotunan za su shiga jaka mai suna PS4, cikinta akwai SHARE. Idan ka gama, ka goge naka daga na'urar. Wannan ɗan ladabin ne zai sa gobe ya bar ka ka sake.

Daga filash zuwa waya sai da ɗan mahaɗin OTG. Shi da filash duk ana samunsu a teburin masu kayan waya ranar kasuwa, ko Wudil ranar Juma'a, ko Ɗambatta ranar Lahadi, ko Maigatari ranar Alhamis. Ka tafi da wayarka ka gwada a gaban mai kayan, saboda bakin caji iri biyu ne, tsohon ƙarami da Type-C, kuma akwai filash na jabu da ke nuna girman da ba su da shi, su karɓi kaya su lalata. Wasu wayoyin ma sai ka shiga saiti ka kunna OTG da hannu. Inda aka ci gaba har aka sa PS5, maɓallin sunansa Create, hanyar filash ɗin kusan iri ɗaya ce.

Amma gidajen gem da yawa a ƙauye har yanzu PS2 ce ko PS3. PS2, wadda ta fito tun 2000, ba ta da hanyar ɗaukar hoto, kuma abin da take turawa talabijin ta wayoyin nan uku, rawaya da fara da ja, bai kai 720 ba. PS3 ma ba ta da maɓallin Share, sai 'yan gem ƙalilan ne ke yarda a ɗauki hoto a cikinsu. A nan kyamarar waya ce kawai mafita, kuma ita ce mafi rauni a duk hanyoyin idan kaifi ake nema. Za ka ga wasu layuka masu lanƙwasa kamar zanen ruwa sun bi hoton, saboda ɗigogin talabijin da na kyamara sun ci karo. Kwan fitila zai fito a tsakiyar fili, kalar ta koma shuɗi-shuɗi. Ana iya rage ɓarnar: a tsayar da gem ɗin, a kashe kwan da ke fuskantar allo, a kashe fitilar waya, a goge idon kyamara da gefen riga (da hunturu ƙura kaɗai ta isa ta kashe hoto), a tsaya daidai saitin talabijin ba ta gefe ba, a ɗan ja baya har layukan su ɓace, a danna allo a riƙe don kyamara ta tsaya wuri ɗaya, sannan a ja hasken ƙasa kaɗan.

Duk da haka akwai inda wannan hanyar ta doke sauran gaba ɗaya. Idan bidiyonka na gasar unguwa ne, ko karawar zakarun ƙauyuka biyu, abin da zai ja mai kallo ba ɗan wasan cikin gem ba ne, wanda ya gani sau dubu. Fuskar wanda aka ci ce, ya dafe kai, na kusa da shi ya miƙe yana ihu, talabijin na haske a bayansu. Babu sikirinshot da zai ba ka wannan. Sai dai ka nemi izini kafin ka sa fuskar kowa, kuma ka bar ƙananan yara a waje. Wani an aike shi niƙa ne ya ratse, wani daga makarantar allo ya sulale, bai kamata ta tasharka mahaifinsa zai gano ba.

Kafca-kad ba zan daɗe a kanta ba. Na'ura ce da ke karɓar hoto daga wayar HDMI, wadda ke haɗa na'urar gem da talabijin, ta miƙa wa kwamfuta ko waya. Sai ka shiga Kano, Farm Centre ko Beirut Road, kafin ka samu. Masu arahar an rubuta musu 4K a kwali, amma abin da suke fitarwa bai wuce 1080 ba, kuma yawancinsu ba su da kafar mayar da hoto talabijin, sai ka ƙara sayen mai raba HDMI biyu. A PS4 sai ka kashe kariyar HDCP, wadda ke hana kwafar hoto, a saiti kafin ta yi aiki, a PS3 kuwa kariyar ba ta kashuwa. Wanda ke son watsa wasa kai tsaye ko naɗar sa'o'i, kuma yana da laftof da sola, ta yi masa rana. Don hoton bango kaɗai, maɓallin Share ya riga ya yi aikin kyauta.

Kwaso hoto a intanet kuma ya fi kowanne sauƙi, ya fi kowanne rashin riba. Hotunan 'yan ƙwallo na gaske suna da masu su, hoton bangon wata tasha ma haƙƙin mai ita ne, ana iya kai ƙararka. Dokokin YouTube sun hana hoton da ke yaudarar mai kallo. Ko ba a kama ka ba, wanda ya danna yana zaton wasan Real Madrid na jiya zai gani, ya tarar da gem ɗin waya, cikin daƙiƙa biyar zai fita, kuma YouTube na lura da bidiyon da ake gudu daga cikinsa.

Akwai wani wuri da hotuna masu kyau ke mutuwa bayan an sha wahalar ɗaukarsu, wato hanya. Abokinka ya ɗauka a wayarsa, ya turo maka ta WhatsApp, kai ka tura wa mai yi maka rubutu, shi ya dawo maka da shi ta nan dai. Kowane zagaye WhatsApp na matse hoton ya rage shi, kamar kokon da kowa ya karɓa sai ya ƙara masa ruwa. Zaɓin HD da aka ƙara a 2023 ya rage matsalar, bai kawar da ita ba. Ka tura shi a matsayin fayil ta wurin aika takardu, zai isa yadda yake. In kuna kusa, Xender ko Bluetooth sun fi, ba data ba ragi.

Wajen gyara, PixelLab ta fi dacewa da mu a kan Canva saboda dalili ɗaya: tana aiki babu intanet, ita kuwa Canva a inda sabis ke zuwa yana ɗaukewa sai ta bar ka da rabin aiki. Ka saita girman 1280 da 720 tun farko. Rubutu kada ya wuce kalma uku ko huɗu, manya, fari ko rawaya mai baƙin gefe. Ka gwada salon rubutun da ƙ da ɗ da ɓ kafin ka zaɓa, domin yawancin masu ƙawar nan ba su da su, sai ka ga akwati ya fito a tsakiyar "ƙwallo". Kusurwar ƙasa ta dama ka bar ta fili, nan YouTube ke manna tsawon bidiyo, duk abin da ka sa zai rufe. Kafin ka ɗora ta YouTube Studio, ka duba hoton a jerin hotunan wayarka inda yake ɗan ƙarami, ka fita da shi rana. Masu kallonka a waya suke, da yawa a waje, wasu da fasasshen gilashi. Idan a haka ana gane wanda ya ci da wanda aka ci, ya yi.

Duk wannan lissafin na bidiyo mai kwance ne. TikTok da Shorts, wato gajerun bidiyoyin YouTube, a tsaye suke, 9:16, kuma nan ƙaramar waya ke rasa sa'arta. Idan ka yanko tsaye daga hoto mai tsayin 720, faɗin da zai rage maka 405 ne kacal, daga na PS4 kuma kusan 608. Ka ja wannan ya cika allo, ya fashe. Abin da ya fi shi ne ka buɗe shafi mai 1080 da 1920, ka ajiye hoton gem ɗin a tsakiya yadda yake a kwance, ka sa rubutu dab da samansa da ƙasansa, kada ka kai shi can ƙarshe domin jerin bidiyoyin shafinka yana datse sama da ƙasa. Tunda a Shorts daga cikin bidiyon ake zaɓar bango lokacin ɗorawa ta waya, sai ka sa hoton da ka haɗa a ƙarshen bidiyon na rabin daƙiƙa a manhajar gyaran bidiyo ta CapCut, idan ka zo zaɓa ka ja layin zuwa kansa.